KAMA DA WANE BA WANE BA NE: TUNANI KAN HUKUNTA MARAR LAIFI



Wata ranar Lahadi, bayan an tashi daga Misa ta biyu, wata dattijuwa daga Unguwar Sanusi ta tsaya a bakin ƙofata har jama'a suka watse. Da na fito ta durƙusa, na ce, "Mama, tashi ki zauna, me ya faru?" Ta ce, "Fada, ɗana ne. Yau shekara uku ke nan yana tsare, ba a ce ya yi laifi ba, ba a kuma ce bai yi ba."

Yaron mai gyaran babura ne. An yi fashi a wani layi kusa da nasu, da asuba aka zo aka kwashe samarin da aka tarar. Waɗanda iyayensu ke da hali aka yi belinsu kafin sati ya zagayo, shi kuwa ya yi saura, domin wanda aka yi wa fashin ya ce ɓarawon dogo ne, baƙi, kuma daga jin Hausarsa mutumin kudancin jihar nan ne. Iyakar shaidar ke nan. Daga baya wani lauya mai tsoron Allah ya shiga maganar ba tare da karɓar ko kwabo ba, aka nemi fayil aka rasa, aka sake nema, a ƙarshe kotu ta sallame shi. Ya fito da tari a ƙirji, ya tarar mahaifinsa ya rasu, yarinyar da yake nema ta yi aure, rumfarsa kuma wani ya shiga. Da ya zo gaishe ni na tambaye shi yadda ya rayu a ciki. Ya ce wani yaro Bafulatani ne yake raba garinsa da shi, wanda aka kama a kasuwar shanu domin an ce ya yi kama da masu satar mutane. Lokacin da ya fito, wancan yaron yana ciki, ba mai zuwa dubansa.

Tun daga ranar nake juya wata tambaya a zuciyata, ita ce kuma nake so mu duba tare: mene ne nauyin alhakin hukunta wanda bai yi laifi ba, kuma me ya sa wannan masifa ta fi faɗa wa baƙo, da talaka, da wanda ƙabilarsa ko addininsa ya bambanta da na masu iko a wurin?

ABIN DA YA FARU A ƘASARMU

Kada wani ya ɗauka wannan magana ce ta ƙasashen waje. A shekarar 1980 wata babbar kotu a Jihar Oyo ta yanke wa wani mutum mai suna Nasiru Bello hukuncin kisa kan fashi da makami. Ya ɗaukaka ƙara, kamar yadda doka ta ba shi dama. Amma a 1981, tun ba a saurari ƙarar tasa ba, aka kashe shi. Iyalinsa suka kai gwamnati ƙara, a 1986 Kotun Ƙoli ta tabbatar cewa kisan ya saɓa wa doka, ta ce a biya diyya. Ko Nasiru ya yi fashin ko bai yi ba, Allah kaɗai ya sani, gama kotun da za ta duba maganar an riga ta da kisa.

Mu a Kaduna muna da namu tabon. A watan Fabrairu 1992 rikici ya tashi a Zangon Kataf kan sauya wa kasuwa mazauni, a watan Mayu kuma ya sake ɓarkewa da muni, aka kashe mutane masu yawa, Hausawan garin Zango suka yi babbar asarar rayuka da dukiya, wutar kuma ta bazu har cikin Kaduna da Zariya, inda aka kashe waɗanda ba su san hawa ba balle sauka. Ina yaro a lokacin, amma ban manta da hayaƙin da na gani ba. Gwamnatin Janar Ibrahim Babangida ta kafa kotun musamman a ƙarƙashin Mai Shari'a Benedict Okadigbo, bisa dokar soja ta 2 ta 1987. Aka gurfanar da Manjo Janar Zamani Lekwot mai ritaya, tsohon gwamnan soja na Jihar Ribas, tare da wasu shugabannin Atyap. Ana cikin shari'a ɗaya daga cikin mambobin kotun, Godwin Graham-Douglas, ya ajiye aikinsa. Gwamnati ta fitar da dokar soja ta 55 ta 1992 wadda ta hana kotunan ƙasa sa baki cikin aikin kotun. Lauyoyin waɗanda ake tuhuma suka janye. A watan Fabrairu 1993 aka yanke musu hukuncin kisa, ba su da lauya, ba su da ikon ɗaukaka ƙara. Daga baya aka mayar da hukuncin zaman kurkuku. A 1995 Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam da Al'ummomi ta Afirka, wadda ke zaune a Banjul, ta ce shari'ar ta tauye haƙƙinsu na samun lauya, da na ɗaukaka ƙara, da na tsayawa gaban kotun da ba ta karkata ba.

Ni ba alƙali ba ne, ba zan ce wane ya yi, wane bai yi ba. Abin da zan iya faɗa shi ne, shari'a irin wannan ba ta iya tabbatar da laifi, ba ta kuma iya wanke mutum. Atyap suka tashi da cewa an zalunce su domin ƙabilarsu. Hausawan Zango, da suka ga an sassauta hukuncin, suka tashi da cewa jinin 'yan'uwansu ya tafi a banza. Kowane ɓangare ya koma gida da ƙullin zuciya, kuma fiye da shekara 30 ke nan ƙullin bai gama kwancewa ba. Da an yi shari'ar a natse, a fili, da lauyoyi da ɗaukaka ƙara, da ko wanda hukuncin bai yi wa daɗi ba zai rasa abin faɗa.

Da wannan dokar soja ta 1987 aka yi wa Ken Saro-Wiwa da wasu Ogoni 8 shari'a a Fatakwal, aka rataye su ranar 10 ga Nuwamba 1995, alhali wasu daga cikin shaidun gwamnati sun yi rantsuwa cewa sayen bakinsu aka yi. Ranar 12 ga Yuni 2025 Shugaba Bola Tinubu ya sanar da yi musu afuwa. Afuwar ta zo bayan kusan shekara 30, ta tarar da su a kabari.

LAUNIN FATA A AMURKA

A Amurka an bi diddigin wannan ciwo da lissafi, shi ya sa darasinsu ke da amfani a gare mu. A 1944, a Jihar Karolina ta Kudu, an zargi wani yaro baƙar fata ɗan shekara 14, George Stinney, da kisan wasu 'yan mata fararen fata guda 2. An gama shari'arsa cikin yini ɗaya. Mutanen da suka zauna yanke hukunci duk fararen fata ne, kuma cikin kimanin minti 10 suka ce ya yi laifi. Aka kashe shi a kujerar lantarki a watan Yuni na shekarar. Sai a watan Disamba 2014, bayan shekara 70, wata kotu ta soke hukuncin, ta ce ba a yi masa adalci ba.

A watan Afrilu 1989 aka yi wa wata mata fyaɗe da mugun duka a babban lambun shaƙatawa na birnin New York. Aka kama yara 5, tsakanin shekara 14 zuwa 16, huɗu baƙaƙe, ɗaya ɗan asalin Latin Amurka. Bayan doguwar tuhuma suka amsa laifi, sa'an nan suka janye, suka ce tilasta musu aka yi. Gwajin ƙwayoyin halitta bai dace da ko ɗaya daga cikinsu ba, duk da haka aka ɗaure su. A 2002 wani fursuna mai suna Matias Reyes ya ce shi kaɗai ya aikata, gwaji ya gaskata shi, aka soke hukuncinsu. A 2014 birnin ya biya su diyyar dala miliyan 41, amma ƙuruciyarsu ta riga ta ƙare a kurkuku.

Haka kuma Anthony Ray Hinton na Jihar Alabama, wanda aka kama a 1985 kan kisan mutum 2. Shaidar da aka dogara a kanta ita ce wai harsasan sun fito daga tsohuwar bindigar mahaifiyarsa. Talaka ne, lauyan da aka ba shi bai samo ƙwararren masanin bindiga ba. Ya zauna kusan shekara 30 yana jiran ranar kisa, kafin a sake gwaji a ga ba za a iya danganta harsasan da bindigar ba. Aka sake shi a watan Afrilu 2015.

Cibiyar da ke tattara sunayen waɗanda aka wanke bayan an ɗaure su a Amurka ta fitar da rahoto a 2022, inda ta nuna cewa baƙar fata kimanin kashi 13.6 cikin 100 ne na jama'ar ƙasar, amma su ne kashi 53 cikin 100 na mutum 3,200 da aka wanke. Ba lallai ne a ce kowane ɗan sanda da kowane alƙali a can maƙiyin baƙar fata ne ba. Abin da ke faruwa ya fi haka ɓoyuwa. Mutum yakan tashi da wani hoto a zuciyarsa na yadda ɓarawo yake, to duk wanda ya yi kama da hoton, ƙaramar shaida ta isa a kansa, wanda kuwa bai yi kama da shi ba, sai an kawo babba.

NAMU LAUNIN FATAN

Mu dukanmu baƙaƙe ne, sai dai muna da abubuwan da suke yi mana aikin launin fata: suna, da harshe, da tsagar fuska, da sutura, da unguwar da mutum ya fito, da wurin da yake sujada. Tun bayan rikicin 2000 da na 2002 garin Kaduna ya rabu, mutane suka yi ta ƙaura zuwa inda nasu suka fi yawa, har kogi ya zama kamar iyakar ƙasa. Yara suna tashi ba su taɓa cin abinci a kwano ɗaya da ɗan wani addini ba. Wanda ba ka sani ba kuwa, duk abin da aka faɗa maka a kansa kana iya gaskatawa.

A watan Mayu 2022 taron ɗalibai a Sakkwato suka kashe Deborah Samuel bisa zargin ɓatanci, ba kotu, ba shaida, ba tambaya. Muka yi kuka, kuma daidai ne mu yi. A ƙarshen watan Maris 2025 taron mutane a Uromi ta Jihar Edo suka tare wata mota, suka kashe mafarauta 16 'yan Arewa da ke kan hanyarsu ta zuwa Kano, domin an ga bindigogin farauta an ce masu satar mutane ne. Sai kowannenmu ya tambayi kansa, ko kukan da ya yi na biyu ya kai na farko. Idan bai kai ba, to ciwon da muke gani a Amurka yana cikin jininmu. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Littafi Mai Tsarki ya san wannan hali tun da daɗewa. Lokacin da matar Fotifar ta yi wa Yusufu ƙazafi, sai da ta tuna wa mutanen gida cewa shi Ba'ibrane ne, bawa, baƙo, domin ta san maganarta za ta fi shiga. A Filibi, waɗanda suka ja Bulus da Sila gaban mahukunta sun fara ne da cewa Yahudawa ne, aka yi musu bulala aka jefa su kurkuku ba tare da bincike ba. Da aka ji su 'yan ƙasar Roma ne, sai mahukuntan suka tsorata suka zo ba da haƙuri. Bayansu bai canja ba, laifinsu bai canja ba, takardar asalinsu kaɗai ta canja. A daren da aka kama Ubangijinmu, da karin harshensa na Galili aka gane Bitrus.

TA INA KUSKURE KE SHIGA?

Ƙofa ta farko ita ce ido. Wanda aka yi wa fashi da dare, bindiga a kansa, zuciyarsa na bugawa, ba ya ganin fuska yadda yake tsammani ya gani. Bayan kwanaki a nuna masa wani saurayi a ɗaure, ya ce shi ne, kuma da gaskiyarsa yake faɗa. Masu bincike sun tabbatar cewa mutum ya fi yin kuskure wajen gane fuskar wanda ba jinsinsa ba. Hausawa sun riga su faɗa: kama da wane ba wane ba ne.

Ƙofa ta biyu ita ce azaba. Moses Akatugba yana da shekara 16 aka kama shi a Jihar Delta a 2005 kan zargin fashin wayoyin hannu. Ya ce an azabtar da shi har ya sa hannu a takardar amsa laifi. Ya yi shekara 8 yana jiran shari'a, a 2013 aka yanke masa hukuncin kisa, sai a watan Mayu 2015 gwamnan jihar, Emmanuel Uduaghan, ya yi masa afuwa. Waliyyi Agustin, ɗan Afirka ta Arewa, ya yi kuka da wannan a littafinsa na Birnin Allah tun ƙarni na 5. Ya nuna cewa alƙali yakan azabtar da mutum domin ya gano gaskiya kada ya kashe marar laifi, mutumin ya kasa jurewa ya amsa abin da bai yi ba, a ƙarshe alƙalin ya azabtar da marar laifi ya kuma kashe shi. Azaba tana auna ƙarfin jiki ne kawai. Mugu mai taurin rai ya jure ya fita, salihi mai rauni ya amsa.

Ƙofa ta uku ita ce shaidar zur. Da shaidu 2 na ƙarya Yezebel ta sa aka jajjefe Nabot domin Ahab ya ci gonar inabinsa. A yau ma rikicin fili, ko bashi, ko kishi, yakan rikiɗe ya zama ƙarar sata ko ta ɓatanci.

Ƙofa ta huɗu ita ce talauci. Kimanin biyu cikin uku na mutanen da ke gidajen gyaran hali a Nijeriya ba a yanke musu hukunci ba, jiran shari'a suke yi. Wasu sun zauna fiye da shekarun da doka za ta ɗaure su ko da an same su da laifi. Wannan ma hukunta marar laifi ne, sai dai ba alƙalin da ya sa masa hannu.

Ƙofa ta biyar ita ce gaggawa. Idan an yi babban ta'asa jama'a sukan matsa a kawo mai laifi yau, hukuma kuma ta kawo wanda hannunta ya kai. Bilatus ya faɗa har sau 3 cewa bai sami Yesu da laifi ba, amma ihun taro ya fi ƙarfin lamirinsa.

GA MAI CEWA ZAMANIN BA NA TAUSAYI BA NE

Na san abin da wasunku za su ce, domin an faɗa mini a fuska: "Fada, kana maganar haƙƙin waɗanda ake zargi, mu da ake kashewa fa?" Tambaya ce mai nauyi, ba zan raina ta ba. A watan Janairu 2020 'yan bindiga suka shiga Babbar Makarantar Horon Firistoci ta Makiyayi Mai Kyau a nan Kaduna, suka sace ɗalibai 4, suka kashe Michael Nnadi ɗan shekara 18. Ranar 28 ga Maris 2022 aka kai wa jirgin ƙasan Abuja zuwa Kaduna hari. A watan Yuli na shekarar aka sace Fada John Mark Cheitnum na Diyosis ɗin Kafanchan aka kashe shi. Mun binne namu, mun sayar da gonaki mun biya kuɗin fansa. Wanda ya ce a hukunta masu wannan aiki, gaskiya ya faɗa, kuma Ikilisiya ba ta taɓa koyar da cewa a bar mugu ya yi ta ɓarna ba.

Amma mu bi maganar a hankali. Duk ranar da aka ɗaure wanda bai yi ba, a ranar aka sallami wanda ya yi, domin an rufe fayil, an daina nema. Lokacin da yaran nan 5 ke tsare a New York, Matias Reyes yana yawo a gari, kuma a cikin shekarar ya sake yi wa wasu mata fyaɗe, har ya kashe ɗaya. Saboda haka hukunta marar laifi zalunci ne iri uku a dunƙule: an zalunci wanda aka ɗaure, an yaudari wanda aka yi wa laifin, an kuma miƙa wasu ga hannun mugun da aka bari. Bugu da ƙari, ƙauyen da aka kwashe samarinsa ba gaira ba dalili ba zai sake ba hukuma labari ba, rugar da aka ƙona domin laifin wani kuwa ta zama wurin da 'yan bindiga za su sami sababbin yara.

Akwai kuma wata hujja da ta fi ta amfani zurfi. Kayafa ne ya ba da shawarar cewa mutuwar mutum ɗaya ta fi sauƙi a kan halakar al'umma, kuma mun san wanda aka kashe bisa wannan lissafi. Mutum ba kuɗi ba ne da za a kashe shi a sayi zaman lafiya. An halicce shi cikin kamannin Allah, yana da suna, yana da uwa. Idan mai laifi ya kuɓuta daga hannunmu, mun gaza ne, kuma akwai Alƙalin da ba zai kuɓuce masa ba. Idan kuwa muka hukunta marar laifi, mu ne muka aikata mugunta da hannunmu, da sunan doka. Shi ya sa masanin shari'ar Ingila William Blackstone, a ƙarni na 18, ya fifita kuɓutar masu laifi 10 a kan wahalar marar laifi ɗaya. Malaman fiƙihu na maƙwabtanmu Musulmi ma suna da ƙa'idar cewa shakka tana kawar da haddi, kuma kuskure wajen yafewa ya fi sauƙi a kan kuskure wajen hukuntawa. An yanke wa Safiya Hussaini hukuncin jifa a Gwadabawa a 2001, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta Sakkwato ta sallame ta a watan Maris 2002. An yanke wa Amina Lawal irinsa a Bakori a 2002, takwarar wannan kotu a Katsina ta soke shi ranar 25 ga Satumba 2003. Ɗaukaka ƙara ce ta cece su, ita ce kuma aka hana Nasiru Bello da mutanen Zangon Kataf da na Ogoni.

ZATO DA HUKUNCI

Hausawa na cewa zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya. Waliyyi Toma na Akwino ya rarraba zato hawa uku. Na farko, mutum ya fara shakkar kirkin ɗan'uwansa bisa ƙaramin dalili. Na biyu, ya riƙe muguntar ɗan'uwan a matsayin tabbas bisa wannan ƙaramin dalili. Na uku, alƙali ya yanke hukunci bisa zato, wannan kuwa zalunci ne kuma babban zunubi. Ya ƙara da cewa ɗaya daga cikin tushen zato shi ne ƙiyayya ko raini, gama wanda ka raina, da wuri kake gaskata mugun labari a kansa. Alƙalin da ke hawa na uku daga cikinmu ya fito, a gidajenmu ya koyi hawa na farko, a lokacin da ya ji iyayensa na cewa ƙabila kaza duk ɓarayi ne, ƙabila kaza duk mashaya ne.

Dole kuma mu faɗi gaskiya a kan kanmu. Kotun Ikilisiya ce, ƙarƙashin wani bishop da ke biyayya ga Ingilishi, ta yanke wa Joan ta Ark hukunci aka ƙone ta a 1431. A 1456 aka soke hukuncin, a 1920 aka sa ta cikin waliyyai. A zamanin farautar mayu a Jamus, wani firist ɗan ƙungiyar Jesuit, Friedrich Spee, ya wallafa littafi a 1631 yana nuna cewa azaba ce ke ƙirƙiro mayun da ake ƙonewa. Ikilisiya ta koyi wannan darasi da hawaye. Paparoma Yohanna Bulus na Biyu, wanda ya zo Kaduna a watan Fabrairu 1982, ya koyar a 1995 cewa dalilin da zai wajabta kisa ya yi ƙaranci ƙwarai a zamaninmu, in ma akwai shi. Da ya dawo Nijeriya a watan Maris 1998, an miƙa wa gwamnatin Janar Sani Abacha sunayen fursunoni kimanin 60 da ake roƙon a saki. A 2018 marigayi Paparoma Faransis ya gyara sashe na 2267 na Katekizim, ya ce hukuncin kisa ba abin karɓa ba ne. Wanda aka ɗaure bisa kuskure ana iya buɗe masa ƙofa a ba shi haƙuri. Wanda aka rataye ba shi da wannan.

ABIN DA KE WUYANMU

Da farko, mu san doka, mu kuma koya wa 'ya'yanmu. Sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya ce duk wanda ake tuhuma marar laifi ne har sai an tabbatar da laifinsa. Sashe na 42 ya hana nuna bambanci saboda ƙabila, ko addini, ko wurin asali. Dokar gudanar da shari'ar laifuffuka ta tarayya ta 2015, wadda Jihar Kaduna ta yi irinta a 2017, ta hana kama wani a madadin wani, watau ba a kama uwa domin an rasa ɗanta. Dokar 2017 ta mayar da azabtar da wanda ake tsare da shi laifi. Akwai Hukumar Ba da Tallafin Shari'a tun 1976 domin waɗanda ba su da kuɗin lauya, akwai kuma Hukumar Adalci, Ci-gaba da Zaman Lafiya ta Ikilisiyarmu.

Na biyu, mu tsare harshenmu. Idan an kira ka shaida, faɗi abin da idonka ya gani, ka tsaya nan. Idan ba ka tabbata ba, ka ce ba ka tabbata ba, ko da wanda ke tsaye gabanka ba naka ba ne, ko da naka za su ji haushi. Haka kuma hoton da aka turo maka a waya an rubuta "ɓarawo" a ƙasa, kada ka tura wa wani. Doka ta 8 ta shafi yatsa kamar yadda ta shafi baki.

Na uku, idan aka yi ihun ɓarawo a kasuwa, kada hannunka ya ɗauki dutse. Lokacin da ake jan Suzana zuwa wurin kisa bisa shaidar dattawa 2, saurayi ɗaya ne, Daniyel, ya ɗaga murya ya ce a koma a bincika. Ya raba dattawan, ya tambayi kowanne a ƙarƙashin wace itaciya ya gan ta, bakinsu ya saɓa, ta tsira. Tambaya ɗaya ce ta ceci ranta.

Na huɗu, ku 'yan sanda, da ma'aikatan kotu, da gandirobobi, da lauyoyi da ke zaune tare da mu kowace Lahadi, aikinku mai wuya ne, albashi kaɗan, matsi da yawa, muna kuwa yi muku addu'a. Amma ku tuna kowane fayil da ke kan teburinku ran mutum ne, kuma kwanan da ya yi a aljihun tebur, kwana ne da wani ya yi a ƙasan siminti.

Na biyar, Zumuntar Mata, da ƙungiyar maza, da matasa, mu mayar da ziyarar kurkuku aikinmu na kullum. Mu kai sabulu da abinci, mu kuma kai littafi da alƙalami, mu rubuta sunayen waɗanda suka daɗe ba a kai su kotu ba, mu miƙa wa lauyoyinmu. Kada mu tambayi addinin mutum kafin mu rubuta sunansa. Wanda ya fito kuma mu karɓe shi, mu nema masa sana'a, kada mu ƙara masa wani ɗaurin da kallon banza.

Yaron nan Bafulatani da ya raba garinsa da ɗan Mama, lauyanmu ya karɓi maganarsa, an kuma sa ranar zama. Ina roƙonku ku sa shi cikin addu'a, tare da dukan waɗanda ke tsare ba da haƙƙinsu ba, da waɗanda aka yi wa laifi suna jiran adalci, da alƙalanmu. Ubangiji, wanda shi kansa aka yi wa shari'ar zalunci, ya ba mu zuciya mai jinkirin zato da bakin da ke tsayawa kan gaskiya. Amin.